Na Miƙa, Na Tsaya

Zuwa ga Autata, malamar Turanci,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kina lafiya, ke da maigidanki da ɗalibanki masu kunnen ƙashi. Mu nan sai godiya. Ni garau nake, in ban da gwiwa da ke ƙara kamar tsohon ƙyaure.

Kin tambayi jikin innarku, wato Hukuma. Baki ya dawo sarai, ni ne shaida, don a kaina ake gwada shi. Ƙafar hagun ce har yanzu take ja tun shanyewar ɓarin jikin nan. Likita ya ce in ba ta riƙa takawa ba, ƙafar za ta sandare, shi ke nan ita da kujera har abada. Ita kuwa ta kafe a kujerar bakin taga. Ni na ƙera ta, yau ga ni ina da-na-sanin daɗin zaman da na yi mata.

Kada ki damu, ubanki kafinta ne. Na fere sanda, na goge, na sa mata roba a gindi, na kai na ce ungo. Ta ce in riƙe abina, tunda ni ne gwiwata ke kuka. Yanzu da sandar take jawo takalmi daga ƙarƙashin gado. Sai na kamo ta ta hammata zan miƙar da ita tsaye, ta ce in sake ta, ita ba kabad ba ce. Tun ranar ko shayi ba ta karɓa daga hannuna.

Amma ƙusa ba ta taɓa gagarata ba. Gobe zan koma.

Ki gaida mutan gida. Ni ne babanki,
Kafinta

Autata,

Gaisuwa da fatan alheri. Yaya aiki, yaya tarin da kika ce yana damunki? Allah ya sawwaƙe.

Wasiƙarki ta iso, na bi ta da tabarau da ɗan yatsa. Kin ce ban iya bayarwa ba, cusawa kawai na iya. Har kin aiko mini da kalmar Turanci, wai furofa. Na rubuta yadda bakina ya iya, ki yi haƙuri da wanda ya bar makaranta a aji huɗu, malam na murna, ni ina murna. Kin ce kalmar manya ce, ba a zuwa kasuwa da ita, sai ofis da gaban alƙali. Ma'anarta ka miƙa abu cikin ladabi ka tsaya. Mai shi in ya so ya karɓa, in ya ƙi babu rigima.

Da farko na ji haushi. Da ungo na raine ku duka, ba wanda ya lalace. Amma ina shago ina haɗa ƙafar tebur sai na tuna gam. Shafawa ake yi, a haɗa, a ƙyale. Mai yawan taɓawa ya ga ko ya kama, shi ne nasa ba ya kamawa.

Na gwada a kan maƙwabcina mai gyaran keke. Na miƙa masa kofin shayi na yi tsit ina kallonsa, har ya tambaya ko wani abu na zuba a ciki. Kyanwar gida kuwa ba ta jiran Turanci, kafin in miƙa ta wafce.

Na ƙware. Saura Hukuma.

Babanki,
Kafinta mai furofa

Autata,

Ina gaishe ki, ina gaida maigidanki. Ina fata tarin ya tafi. Ki gyara zama.

Washegarin wancan saƙo na sa rigata ta fita unguwa, na tsaya gefen kujera, na lanƙwasa hannu, na ja bakina na rufe. Wallahi saran gungume ya fi wannan sauƙi. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce ko nawa hannun ma ya shanye ne. Na ce furofa na zo yi. Ta ce wace cuta ce kuma wannan. Na ce hannu ne dai na kawo, in tana so ga shi, in ba ta so in koma da abina. Ta juya wajen taga. Yatsuna suna ƙaiƙayin su cafko ta, na hana su. Da kafaɗata ta yi tsami na ce a huta lafiya, na wuce shago.

Haka muka yi ta yi kullum da safe. Ba na ɓoye miki, akwai ranar da na zauna kan benci na kasa riƙe zarto, ina ganin kamar kujerar nan ta cinye ni. Amma na ce gam ne, a ƙyale shi.

Jiya ina tsaye da hannuna, ita tana leƙen tsakar gida, sai ta hango zanenta mai ruwan goro a kan igiya, gefe ɗaya yana jan ƙasa. Ni na shanya. Ta ce wane mara tarbiyya ne ya yi wannan aika-aika. Ban ankara ba na ji yatsu sun damƙe mini dantse. Ko kallona ba ta yi ba. Ta yunƙura, na daskare, ban ja ba, ban tura ba. Muka tafi, ita tana jan ƙafa, gwiwata tana yi mana kiɗa, har bakin igiya. Da hannunta ta gyara zanen, tana haki tana faɗa. Ni kuwa idona ya kawo ruwa, na ce garin katako ne.

Da muka dawo ta ce kada in yi ta baza labari, ita ba ta karɓi komai ba. Abin da ta tarar a tsaye ta dafa, kamar yadda ake dafa bango. Na ce na yarda, bango ne ni.

In akwai kalmar manya ta karɓa, ki riƙe abarki, Hukuma ba za ta taɓa furta ta ba. Ni dai yau na wanke zannuwanta kaf, kuma duk a karkace zan shanya su.

Ta ce in gaishe ki. Allah ya yi miki albarka.

Babanki,
Bango