Turancin da Na Yi a Kan Kunyar Hajo

Assalamu alaikum mai kula da wannan shafi, da ku masu karatu, manya da yara. Don girman Allah a sakaya sunana, kuma wanda zai zage ni ya daure ya kai ƙarshe tukuna, don zagin da nake yi wa kaina ya fi nasa zafi. Ni tsohon ɗan sanda ne, na yi ritaya tuntuni, yanzu albasa nake nomawa a fadama wajen Boɗinga. Sunayen da zan ambata duk na sauya su.

Jikanyata ce ta tono mini wannan magana. Tana karatun siyasa a ƙasar Turkiyya, ta zo hutu, tana tsokanata kamar yadda ta saba, wai angonta ya tsufa sai dai a kai kasuwa a sauya. Sai ta shiga ba ni labarin abin da take rubutu a kai. Ta ce can ma an daɗe ana gyaran aikin 'yan sanda, mulki na kai da kawowa tsakanin soja da farar hula, a sauya doka, a sauya horo, amma gardamar da ta ƙi ƙarewa ita ce, ɗan sanda na talaka ne ko na mai riƙe da gwamnati? Ta dube ni ta ce, "Tsoho, kai da kay yi aiki zamanin siyasa, ku na wa na?" Na yi dariya na ce mu na albashi ne. Ta tafi tana dariya.

Lokacin mulkin farar hula na biyu, gab da zaɓen ƙarshe kafin soja su karɓa, ina kurtu a wani caji ofis tsakanin Boɗinga da Shagari. Wanda ya san yankin ya san shugaban ƙasa ɗan gida ne, don haka duk wanda ya ɗaga tutar wata jam'iyya kallon maci amanar dangi ake yi masa. Oganmu mutumin kudu ne, ba ya jin Hausa ko ta sayen goro, ni ne tafintansa da ɗan Turancin da na tsinta a firamare. Wata ranar kasuwa aka jefi motar kamfe ta jam'iyya mai mulki, aka kwaso samari aka zube mana. Oga ya ce duk wanda uwarsa ko ubansa ya zo ya tsaya masa a sake shi, wanda ba shi da kowa kuwa ɗan banga ne da aka yo haya daga wani gari, Sakkwato za a wuce da shi. Iyaye suka yi ta zuwa suna kwashe nasu, har ya rage saura Bello, wani saurayi daga ƙauyukan Horo Birni, ubansa ya rasu, baki gare shi kamar reza. Shi ne wanda shugaban jam'iyyar na yankin ya ƙullata, don Bello ya taɓa mayar masa da magana a bainar jama'a kan rabon taki. Tun da safe shugaban ya ja ni gefe kan maganar Bello, ya ce igiyar kofur ba ta da wuya ga yaro mai hankali, haka nan tura mutum aiki can inda ba a jin Hausa shi ma ba shi da wuya. Ya faɗa yana murmushi, ya koma ciki ya zauna kusa da oga yana jan carbi.

Sai ga uwar Bello, Hajo, tare da ƙanen mijinta da wasu dattawan garinsu. Ta durƙusa can bakin ƙofa, ta ja mayafi ta rufe fuska. Oga ya ce in tambaye ta ko ɗanta ne. Na tambaya. Ta sunkuyar da kai ta ce, "Ranka shi daɗe, ni ban da ɗa awa wanga. Ɗan Inna na." Inna ita ce uwar mijinta, wadda ta rene shi, ta ma daɗe da rasuwa. Jama'a, akwai Bahaushe ko Bafillace da bai san ma'anar wannan magana ba? Bello ɗan fari ne. Wace uwa ce a wancan zamani za ta buɗe baki gaban surukanta ta ce ɗan farinta nata ne? Ni kaina ɗan fari ne, har uwata ta koma ga Allah ban taɓa jin sunana a bakinta ba, sai dai ta ce "wancan". Na san wannan fiye da yadda na san lambar da ke ƙirjina. Amma na ɗaga kai muka haɗa ido da shugaba, sai na juya na gaya wa oga da Turanci cewa matar ta ce ba ɗanta ba ne, ba ta san shi ba.

Ƙanen mijin ya matso ya ce, "Yallaɓai, ɗan hwari na, kunya ta. Dut garinmu an san ɗanta na." Na ce wa oga dattijon ma ya ce baƙo ne. Wallahi oga bai so zalunci ba, har sau biyu ya tambaye ni, to me ya sa take kuka? Na ce tsoron hukuma ne. Na yi ta zuba Turanci ina gumi, abokan aikina duk suna waje suna korar jama'a, ba mai gane ƙaryar da nake yi sai ni da shugaba da Allah. Da za a jefa Bello a mota ya waiwayo ya ce mini, "Ɗan sanda, mi kac ce mai?" Har yau in na tayar da salla, wani lokaci kafin in kai ruku'u sai in ji wannan tambaya a kunnena, in rasa raka'a nawa na yi.

Ba a daɗe ba soja suka karɓi mulki. Shugaban jam'iyya shi ma aka kama shi, oga aka sauya masa wuri, ƙasa ta shiga matsi, kowa na layin shinkafa da sabulu, wa zai tuna da wani ɗan ƙauye mai jiran shari'a? Bello ya rasu a gidan yari da ciwon ciki, bai taɓa tsayawa gaban alƙali ba. Igiyar da na sayar da shi dominta ma ban same ta ba sai da layi ya zo kaina kamar kowa.

Abin da ya fi cin raina, Hajo ta ɗauka dogon Turancin nan roƙo nake yi mata. Duk kaka nakan kai mata gero, ita kuma ta yi ta nuna ni ga mutane tana cewa, "Wanga bawan Allah shi ad da tausai, ran nan roƙo shikai har zuhwa na zuba mai." Ina karɓar albarkarta ina cewa amin, kun ji irin rashin kunyata? Ita kanta take tuhuma. Da 'ya'yanta mata suka fara haihuwa, tilasta musu ta yi su riƙa kiran 'ya'yan farinsu da suna gaban kowa, har mutanen gari suka ce baƙin ciki ya taɓa mata hankali.

Yanzu tana kwance, tsufa da ciwo sun haɗu. Na je gaishe ta kwanan nan, ta sa aka matso da ni, ta ce, "Malam, kunya ta tak kashe mani Bello. Da na buɗe baki na ce nawa na, da yau shi za ya sa ni ƙasa. In munka gamu gobe ƙiyama, da wace huska za ni dube shi?" Ranar na fara jin sunansa a bakinta. Na buɗe nawa bakin, abin da ya fito shi ne Allah ya ba ki lafiya, Inna.

In na faɗa mata gaskiya, za ta san bakinta bai kashe ɗanta ba, amma za ta san shekara da shekaru tana cin geron wanda ya kashe shi, tana sa masa albarka. Anya zuciyarta za ta ɗauka? In kuma na yi shiru, za ta tafi kabari da kayan da nawa ne, ba nata ba. 'Ya'yanta sun ce ta fara daina cin abinci, kuma ta bar wasiyya wai ni take so in tsaya sahun gaba a sallarta. Don Allah jama'a, tun tana gane mutane, me zan yi?