Muryar da Na Tura Zauren Dangi

Auta,

Assalamu alaikum. Ina fata kina lafiya, ke da Inna, Allah ya ƙara mata sauƙin gwiwar nan. Shekara shida da wata uku ke nan rabona da gida, ban taɓa ɗaukar biro na rubuto miki ba sai yau da kika kashe waya. Direban da zai miƙa miki takardar nan ɗakinmu ɗaya, bai san abin da ke ciki ba.

Ranar da bidiyon ya iso ni muna hutun rana a wurin gini, siminti har gira. Wani lebura ne ya miƙo min wayarsa yana dariya, wai in ga malamar makaranta tana karkaɗa jiki. Sai na ga fuskarki. Ban kira ki na tambaya ba. Na zagaya bayan tulin bulo na zazzaga abin da kika ji a saƙon murya, na tura zauren dangi na waya. Sai bayan kwana biyu Kawu ya turo min cikakkensa: ashe waƙar ƙidaya kike koya wa 'yan aji ɗaya, aka yanke yaran, aka ɗora kiɗan banza. Kafin nan wani a cikinmu, jininmu, ya riga ya fitar da muryata, an liƙa ta a kan bidiyon, wai ga shi yayanta ma ya sallama ta. Gwaggo ta ce muryar nan hedimasta ya kunna miki kafin ya ce ki zauna a gida tukuna.

Ina jin haushin wanda ya yanke da wanda ya fitar. Amma sau nawa ni ma na yi dariyar ƙannen wasu a wannan hutun? Mai yankan bai san ki ba. Ni kuwa na goya ki.

Akwai wata takarda a ciki zuwa ga hedimasta, da sa hannuna, na ce ƙazafi na yi miki. In kin ga dama ki kai, in kin ga dama ki yaga. Kada dai ki bar ajinki saboda bakina.

Ki gaida Inna, da Kawu, da Gwaggo. Ban da ni da ke, mutum ashirin da uku ne a zauren nan, na kira kowa ɗaya bayan ɗaya. Sha bakwai sun ce sun goge, huɗu ba su ɗauka ba, biyu sun ce sun riga sun tura gaba.

Yayanki.