Hannun da Baban Auta Ya Ƙi Sawa

Zuwa ga Yayata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara. Allah ya ƙara miki sauƙin ƙafar nan. Inna ta daina tarin, sai dai Auta ta sake kwana huɗu a asibiti, sikilar ta tashi har cokali ya gagare ta riƙewa.

Yaya, hankalina a tashe yake. Likitoci sun ce Auta ta dace da sabon maganin nan da ake ɗebo ƙwayoyin ɓargon mutum, a gyara halittarsu, a mayar masa. Sai ni da babanta mun sa hannu kafin Alhamis, in ba haka ba wani yaron za a ba gurbin. Ni na sa, shi ya ƙi, kuma ni na jawo. Kin san sana'ata, kwalliyar 'yan fim. Fim ɗin tsoron da muka gama bara, na mutumin da aka taɓa masa ƙwayoyin halitta har haƙora suka tsiro masa a wuya, ni na haɗa fatar wuyan ta bogi da roba da gam, wata biyu ina fama. Don neman yabo na ja shi ya je ya kalla, mutumin da ko yankan kaza ba ya tsayawa gani.

Jiya na kawo fatar gida, na yage ta a gabansa, na nuna masa soso ne a ciki. Ya ce ya san roba ce, shi ba yaro ba ne. Tambayarsa ita ce, wa ya ga yaron da aka yi wa wannan gyaran bayan shekara talatin, kuma wa ya tambayi mai jikin? Na ji haushinsa ƙwarai, don na san bai yi ƙarya ba.

Yau da safe na tambayi Auta, ashe duk ta ji mu. Ta ce in dai ciwon zai daina, ko haƙoran ne su tsiro, za ta riƙa rufewa da gyale. Shekararta tara, Yaya.

Ke ce ma'aikaciyar jinya, kuma yana jin maganarki. Don Allah ki kira shi kafin Alhamis. Ba lallashi nake so ki yi ba, gaskiya za ki faɗa masa. In kuma ni ce a kan kuskure, ki faɗa mini, in je in janye hannuna, in san yadda zan kalli yarinyar nan.

Ki gaida maigidan, da Goggo, da 'yan biyunki masu surutu. Inna tana sa miki albarka.

Taki,
Maman Auta