Hannun da Na Sa wa Madam Rahila

Garwa, daren Laraba

Da safe mutum biyu suka zo makarantarmu daga ofishin ilimi, suna binciken malaman da ba sa zuwa aiki. Ina tsakiyar darasi shugaban makaranta ya aiko a kira ni.

Na tarar da littafin sa hannu a buɗe kan tebur. Babban cikinsu ya ɗora yatsa kan sunan abokiyar aikina, ya ce, "Madam Hadiza, an ce Madam Rahila tana Ngaundare sati biyar ke nan, tana jinyar mijinta. Wa ke sa mata hannu kullum?"

A gaskiya ni ce nake sa mata. Ranar da za ta tafi ta riƙe ni tana kuka, an hana ta izini, ta ce kwana uku kawai za ta yi. Amma na ce masa ban sani ba. Sai ya ce ranar Litinin ni da Rahila za mu tsaya gaban kwamitin ladabtarwa.

Shekara goma sha ɗaya ina koyarwa. Idan suka kore ni, da wane ido zan kalli Baba? Ga ƙaryar da na ƙara a kai.

Bayan isha'i na kira Rahila don in gaya mata. Kafin in yi magana ta ce, "'Yar'uwa, yau ya buɗe ido, har ya kira sunana."

Na ce mun gode Allah, na kashe wayar. Ban faɗa mata komai ba, kuma gobe dole in sake kira.