Falle Biyun da Aka Manne da Ƙaro

Asabar, 8 ga Afrilu, 1978

Saƙon Baffa Iliya ya iso yau ta hannun wani ɗan kasuwar Funtuwa da ya biyo ta Alƙahira. Na zaci kilishi ne. Ashe takardar kakan babanmu Nata'ala ce a cikin gafakarta, wadda tun muna yara ba a bari ko hannu mu kai mata.

Wasiƙar gajera ce. Soja sun yi sabuwar doka a kan ƙasa, kowa zai kawo shaidar gonarsa. Mutanen rinjinmu, jikokin bayin Nata'ala, sun fara ɗaga kai, wai wanda ya noma shi ke da ita. In kai takardar a gyara inda ba a san mu ba, in kwafe ta da rubutu mai kyau, in mayar kafin kaka. Falle biyun ƙarshe ruwa ya manne su, a bar su yadda suke. Sai ya ja layi a ƙarƙashin wannan: kada ɗan Dije ya ji ko ƙamshinta.

Ɗan Dije, wato Ɗantsoho. Lungu biyu ne tsakanin ɗakina da nasa a nan Darrasa. Kakarsa baiwar gidanmu ce, uwarsa har gobe tana rinji. Shi kuwa ga shi yana karatun Shari'a, yana gabana da aji biyu.

Litinin, 17 ga Afrilu

Na kai ta wurin Ammu Sabri, tsohon nan mai ɗaure littattafai a bayan masallaci. Ya juya ta, ya shinshina, ya ce wannan rubutun Magariba ne, sawun kaza ya fi shi karantuwa. Abin da nake so ke nan, mai gyara wanda ba zai karanta ba. Na jaddada masa zancen falle biyun ƙarshe. Ya ce "hadir", wato an gama, yana kallon wani waje, ya ce in dawo bukra, wai gobe. Na san bukrar Misirawa.

Kafin in miƙa na karanta abin da ke buɗe. Iyakar rinji daga rijiya zuwa rafi, sai sunaye. Nagode, Barka, Allah-kyauta, Alheri. Suna jere tsakanin shanu da rumbunan auduga. Alheri ita ce uwar Dije.

Alhamis, 4 ga Mayu

Ɗantsoho ya zo ɗakina. Shekara uku muna unguwa ɗaya, daga sallama sai amsa sallama, yau ga shi da ƙullin daddawa da kuka, wai an aiko masa daga gida. Ya ƙi hawa katifa, ya kuma ƙi zama a ƙasa. A tsaye ya sha shayin, jikin ƙofa.

Ya tambayi karatu, ya tambayi lafiya. Can yana sa takalmi, kamar abin faɗo masa ya yi: wai ko an raba gadon marigayi babana, ko har yanzu komai na hannun Baffa?

To fa. Na ce ban sani ba. Daddawar na ba abokin ɗakina, Issa ɗan Maraɗi.

Juma'a, 19 ga Mayu

Issa ya ce zargi zai sa min hawan jini kafin in kai talatin. Wai mutum ya kawo maka daddawa ka mai da shi ɗan sandan ciki. Shi bai san rinji ba. Ni na sani.

Kowace kaka Baffa kan tafi da ni. Daga hantsi zuwa azahar gandun gidanmu suke yi, bayan azahar kowa ya nufi 'yar gayaunarsa. Haka aka gada tun kafin Turawa, lokacin da audugar ke zuwa hannun masaƙa. Da aka kafa injin gurza a Funtuwa sai masu saye suka sauya, masu tsinka ba su sauya ba. An ce bauta ta ƙare, amma buhunan farko gidanmu suke zuwa. Ina tuna Dije da taskira a ka, yatsunta duk sun faffashe, ta sauke ta durƙusa ta gaishe ni, ni ɗan shekara takwas. Ɗantsoho na tsaye a bayanta, shi bai durƙusa ba. Kallon da ya yi min ranar shi yake min har yau.

Mai irin wannan kallo ba don Allah yake kawo daddawa ba.

Lahadi, 11 ga Yuni

Na gan shi a layin Ammu Sabri yana cinikin littafi. Duk shagunan Darrasa sai wannan layin? Da ya wuce na bugi cikin wanda ya sayar masa. Juzu'in da ke da babin 'yanta bayi ya saya. Yana haɗa hujja. Na tsaya har la'asar ina gadin ƙofar Ammu Sabri kamar bawwab, tsohon yana ta ce min bukra.

Talata, 4 ga Yuli

Jarrabawa. Zafi. Wasiƙar Baffa ta biyu, ina takarda? Sau biyu ke nan yana maimaita zancen falle biyun nan.

Laraba, 16 ga Agusta

Azumi goma sha biyu. Ɗantsoho ya kawo kunun tsamiya ana gab da shan ruwa. Issa ya shanye rabi kafin in yi magana, maƙoshinsa ba ya bincike.

Sabuwar tambaya yau: wai in uwarsa ta ji muryata a kaset, ina ganin za ta gane ni? Na ce yaya zan sani. Ya buɗe baki zai ƙara wani abu, ya fasa, ya ce ma'alish, ba komai, ya tafi bai ɗauki kwanonsa ba.

Na gano shi. Rakoda yake so ya kunna, ya ja ni hira, in yi suɓul da baka, a kai wa alƙali. Daga yau in yana nan ko tari sai na auna.

Asabar, 23 ga Satumba

Ni da Issa mun je ƙauyen wani ɗan ajinmu Bamisire, kusa da Tanta. Tun daga tagar jirgin ƙasa auduga ce fari fat, mata a duƙe, kowace da zanen tarawa ɗaure a ƙugu.

Mahaifinsa ya zaga da mu. Izba suke kiran wurin. Ga gidan tsohon basha mai ƙasar can a sama, tagogi a rufe, ga ɗakunan laka a jere kamar turken awaki. Ya ce a zamanin kakansa, da yaƙin Amirka ya sa auduga ta yi tsada, har baƙaƙe aka riƙa sayowa daga kudu don aikin gona. Nan ya kalle mu ya ɗan ji kunya, ya ƙara mana shayi. Bayan juyin mulki aka raba ƙasar, shi ya sami tasa. Ya ɗebi ƙasa a tafin hannu ya nuna mana, yana dariya da haƙoransa uku.

Issa ya ce kamar gida. Ko'ina ka je waƙar ɗaya ce, wanda ya noma. Shayin bai yi min daɗi ba.

Talata, 3 ga Oktoba

Bukra ta zo. Ammu Sabri ya gama, aiki kamar ba hannu ba. Amma ya buɗe falle biyun. Na fara faɗa, ya ɗaga min hannu.

"Ya ustaz, shekara hamsin nake wannan sana'a. Ruwa ba ya manne takarda a kan layi miƙaƙƙe. Wannan ƙaro ne, wanda ya shafa kuma ya iya. Tururi kawai na yi masa. Ni ba na ɗaure littafi da baki a rufe."

Na shiga farfajiyar masallaci bayan azahar na karanta. Sau huɗu.

Hannun Nata'ala ne, shekara ta 1319 ta Hijira, da shaidu biyu. Idan na mutu, mutanen rinji duka 'ya'ya ne, na 'yanta su don Allah, maza da mata da abin da ke ciki. Gonar da ke gabas da rijiya tasu ce, ba mai karɓar musu komai a kai. Ya lissafa su. Alheri ce ta huɗu.

A shekarar ya rasu. Wannan kowa a gidanmu ya sani.

Laraba, 4 ga Oktoba

Wasiyya ba ta wuce sulusin dukiya. Wataƙila sun fi sulusi. Wataƙila ya janye kafin ya rasu. Wataƙila magada sun yi wani sulhu da ban sani ba. Na wuni da littattafai a buɗe ina neman ƙofa, duk wadda na tura sai in ji kunyar kaina.

Wa ya shafa ƙaron? Kaka, mahaifin su Baffa? Baffa ya sani, ko shi ma gaya masa aka yi ruwa ne? Wanda ya yarda ruwa ne ba ya jan kunne sau biyu. Babana fa? Nan ba zan bi ba.

Gabas da rijiya ita ce fadamar. Daga ita ake ciyar da gida, daga ita aka sa ni a jirgi. Abu ne mai sauƙi. Ana sayar da ƙaro a kowane kanti.

Lahadi, 8 ga Oktoba

Ɗantsoho ya zo da rakodar da hantsi, Issa ba ya nan. Na ce yau ake yinta. Na gyara zama, na ɗaure fuska.

Wannan karon ya zauna. Ya ce, "Malam Hadi, wata biyar ina zagaye. Abin da zan roƙa na fi kowa ƙin sa. Ka ji da kunnenka."

Ya danna. Muryar Dije ce, ta tsufa, ana jin kaji a bayanta. Ta gaishe shi, ta gaida malamansa, ta gode da kujerar Makka da ya yi shekaru yana tara mata. Sai ta ce ba za ta hau jirgin ba. Hajjin baiwa ba ya sauke farali, haka ta ji tun tana yarinya, ita kuma ba wanda ya taɓa 'yanta ta. Ba za ta je ɗakin Allah da igiyar mutane a wuya ba. Ta je wurin Malam Iliya, ya ce zai sake ta in ta dangwala yatsa a takarda cewa gonar gabas ba tasu ba ce. Ita kuwa ba ta iya sayar da 'yan'uwanta. "Ka roƙi ɗan marigayi, Hadi. Yaron kirki ne, ya taɓa ba ni ruwa a gona."

Ban tuna na ba ta ruwa ba.

Ya kashe. Ya ce ya rubuta mata sau shida. Ya gaya mata kakanninta Musulmi ne aka kamo, kamun ma haramun ne, ya gaya mata doka ta soke bauta tun tuni. Ta ce ba dokar Nasara za a tambaye ta a kabari ba. Daga bakin gidan Nata'ala kawai za ta ji. Shi ya sa ya tambayi gado, don ya san ko ina cikin magada. Shi ya sa ya sayi littafin, don ya tabbata in mai rabo ɗaya ya 'yanta, maganar ta zauna. Jirgin alhazansu ƙarshen wata zai tashi. Akwai mai tafiya Kano ran Alhamis.

"Kalma ɗaya ce. Ka ce mata ke 'ya ce, khalas, shi ke nan. Ba zan sake taka ɗakinka ba."

Bai san da takardar ba. Ko alama. Tana ƙarƙashin katifar da yake zaune a kai.

Na ce zan yi tunani. Ya ce tamam, babu laifi, idonsa a ƙasa. Na ga yadda roƙon ya ci shi, ban kuwa ji daɗin da na zaci zan ji ba.

Talata, 10 ga Oktoba

Kalma ɗaya, kowa ya huta. Ta tafi Makka tana sa min albarka, gona ta zauna, Baffa ya sami takardarsa. Na sayi ƙaron. Yana kan taga.

Alhamis, 12 ga Oktoba

Jiya da la'asar muka yi. Ba wai na sauya ra'ayi ba ne. Ya danna rakoda, na yi bisimilla, na faɗi sunana da na babana, na zo kan kalmar sai ta ƙi fita. Ina zan ba mutum abin da yake nasa tun kafin a haife shi? Kaset na ta juyawa. Sai na ga hannuna a ƙarƙashin katifa.

Na karanta falle biyun, da Larabci, sannan da Hausa a hankali yadda za ta gane. Har zancen gonar. Na so in tsallake wannan layin, Allah ya sani.

Ɗantsoho ya karɓa ya duba shekarar, ya ƙirga a yatsu, ya sake ƙirgawa. Ya ce, "Shekara goma sha biyu kafin a haife ta." Can kuma ya ce, "Sittin da biyar tana durƙuso." Bai gode min ba. Da ya gode da na ji haushi.

Ya kwafe ta da hannunsa, Issa da wani suka sa hannun shaida. Kaset ta tafi yau da safe. Na rubuta wa Baffa layi biyu, takarda ta gyaru, duka. Wasiƙar tana aljihuna, gobe zan kai gidan waya, ko jibi. Ban san inda zan sauka ba in na koma gida.

Har yanzu ban gama yarda da mutumin nan ba. Kotu zai je, na sani, kuma kallon nan nasa yana nan.

Issa ya ce a ƙarshen kaset ya ji na ce, "Inna, ki yafe mana, ki yi mana addu'a a Arfa." Ni ban lura na ce Inna ba. A gidanmu Dije muke cewa.