Shaidar Mai Makullin Sito

Litinin, 2 ga Oktoba, 1978

Alhamdu lillahi. Yau Malam Haladu, shugaban makarantarmu ta 'yan mata, ya kira ni ofis. Abin da na yi shekara tara ina nema ya kusa: za a ɗaga ni daga mai kula da sito zuwa malamin Arabiyya, mataki na shida. Sa hannunsa kaɗai ya rage. Yaron da na koya wa alwala a zaurena na Gada Biyu, yau alƙalamin yana hannunsa. Ban gaya wa iyali ba tukuna.

Alhamis, 5 ga Oktoba

Matan kicin uku sun tare ni a ƙofar sito: Hasiya, Afusat da Chinyelu. Shekara goma sha ɗaya suna matsayin 'yan aikin kullum, masu karɓar ladan yini, alhali maza biyun da suke tuƙa tuwo da su a tukunya ɗaya tuni aka tabbatar da su, da ƙarin mataki da fansho. Hujjar hukuma ita ce ana sallamar matan duk hutu, don haka aikinsu a yanke yake. Sun kai kuka, mai bincike zai zo ran sha bakwai.

Hasiya ta ce, "Baba Malam, kai ke buɗe mana sito a hutu mu tsince wake, mu shanya masara. Abin da ka gani kawai za ka faɗa."

Na ce zan duba. Chinyelu ta ce, "Baba, wane duba kuma? Makulli yana hannunka, ido yana kanka."

Juma'a, 6 ga Oktoba

Na yi mantuwa a sallar La'asar. Rabona da haka an jima.

Talata, 10 ga Oktoba

Haladu ya rufe ƙofar ofis, ya buɗe mini fayil. Takardu ne na kowane hutu, suna cewa an rufe kicin, ba wanda ya yi aiki. A ƙasan kowace, sunana da ajami: Gwadabe.

"Baba, ni ban isa in hana ka magana ba," in ji shi, kansa a ƙasa. "Amma in ka ce sun yi aiki, ka ƙaryata hannunka sau talatin da uku. Wa zai ba mai irin wannan tarihi aji ya koyar da addini?"

Da farko ban san abin da Turancin ke cewa ba. An ce mini takardar rufe sito ce. Wannan gaskiya ne. Amma tunda littafin nan babu mai karanta shi sai ni: shekara huɗu ke nan da wani akawu ya fassara mini ita. Na ci gaba da sa hannu.

Alhamis, 12 ga Oktoba

Na wuni a kan littattafai, kuma mafita nake nema, Allah Ya sani. Shaida tana sauka daga wuyan mutum idan akwai wani da zai bayar da ita. Na lissafa waɗanda suka gani. Tsohon maigadi ya rasu. Mazan kicin ƙauye suke tafiya duk hutu. Saura ni.

Litinin, 16 ga Oktoba

Afusat, mai kirana Alfa kamar yadda Yarbawa ke kiran malami, ta ajiye mini kwano. "Alfa, abinci." Ba ta roƙe ni ba, ba ta dube ni ba. Na kasa ci.

Talata, 17 ga Oktoba

Mai binciken, Mista Moruf, ya zauna a ɗakin malamai, fayil ɗin a gabansa, Haladu a gefe. Matan suna tsaye a baranda. Na faɗi abin da na gani, hutu bayan hutu, har azumin bana da suka wanke tukwane cikin ruwan sama.

Ya ɗaga takarda guda. "Baba, wanne zan ɗauka, bakinka ko hannunka?"

Na ce ya ɗauki bakina, ya kuma rubuta cewa hannun ya yi ƙarya, shekara bakwai cikin jahilci, huɗu da sani. Ya tambaye ni ko na fahimci abin da wannan zai jawo mini. Na ce na fahimta. Haladu yana kallon taga.

Laraba, 8 ga Nuwamba

An tabbatar da su ukun, amma daga bana za a fara ƙirga musu shekaru. Takardar ƙarin girmata ta dawo babu sa hannu, tare da gargaɗi a rubuce. Ina nan a sito. Haladu yana gaishe ni daga nesa. Ban ce abin bai yi mini ciwo ba.

Bayan La'asar masu shara da leburorin lambu su bakwai suka zo zaure, wai su ma nasu aikin a yanke yake. Na gaya musu ni ba ɗan ƙungiya ba ne, ba kuma shugaban kowa ba; sunayensu da shekarunsu kawai na rubuta, don kada su ɓace. Za su dawo Asabar da takwarorinsu na makarantar Laranto. Na ce wa iyali a aro tabarma biyu a maƙwabta.