Faifan Majigin da Baba Ya Bari

Yaya Habu,

Assalamu alaikum. Ya ƙarfin jiki, ya Hajiya da jikoki a Kumasi? Mu nan Suleja sai godiya.

Tun muna yara nake jin wai tsohon faifan majigi yakan kama wuta da kansa in ya ji zafi. Na ɗauka tatsuniya ce. To, faifan Baba, na Amurka marar magana, wanda a cikinsa mutanen can suke yi wa Ingila bore, Baba yana sa musu Hausa a baki, ya fara wari da danƙo cikin gwangwaninsa. Ga bazara, ga 'ya'yan Mama Ngozi mai haya, bango ɗaya tsakaninsu da shi.

Gado ne da ba a raba ba, ba ni da ikon taɓa shi ni kaɗai. Kirana uku ba ka ɗauka ba. Don Allah, Yaya, ka ba ni izini in binne shi.

A sa mu a addu'a, a gaida kowa. Wanda jiya ya maimaita mini zancen kama wutar faifan Malam Audu ne, mai juya wa Baba injin majigi a da. Da na yi dariya, sai ya naɗe hannun riga, na ga tabon ƙuna har kafaɗa.

Ƙaninka,
Sale